Babi na Bakwai: Shaidar Tsingaro a Ƙasar Tuboro

Tsakanin shekarar 2000 da 2003 aka shimfiɗa bututun man fetur daga Kome, a kudancin Cadi, zuwa Kiribi da ke bakin teku a Kamaru. Tsawonsa kilomita 1,070. Da ya tsallako iyaka, ƙasar Tuboro ya fara ratsawa, kuma a Dompta aka kafa ɗaya daga cikin tashoshin da ke tura man gaba. Bankin Duniya yana da hannu a aikin, sai ya gindaya sharaɗin cewa ba za a tattake kayan tarihi ba. Saboda haka aka sa masu binciken kufai suna tafe gaban katafila da bayanta, suna duba duk abin da ta bankaɗo. Philippe Lavachery da Scott MacEachern da Tchago Bouimon da Christophe Mbida ne suka tattara sakamakon a littafin da suka fitar a 2010: wurare 472 da mutane suka zauna ko suka yi aiki a zamanin da, 302 a Kamaru, 170 a Cadi. An ga muraran narka tama da kashin ƙarfe da makaman dutse. Amma abin da ya cika buhunan masu binciken, kamar yadda ya saba cika su a ko'ina cikin Afirka, tsingaro ne.

Dalili a fili yake. Ƙwarya tana ruɓewa, tabarma gara ce ke cinye ta, bangon ƙasa yana narkewa cikin damina kaɗan, ƙarfe ya yi tsatsa ya zama gari. Yumɓu kuwa da zarar ya sha wuta ya gama mutuwa. Tukunya za ta fashe, amma gutsattsarinta za su kai shekara dubu a cikin ƙasa ba su canza kama ba. Wanda duk ya taɓa huɗa a tsohon kufai ya san ƙarar da garma ke yi in ta ci karo da su.

Tuboro tana cikin yankin Mayo-Rey, ƙarƙashin ikon Lamiɗon Rai Buba, kusa da inda iyakokin Kamaru da Cadi da Afirka ta Tsakiya suka haɗu. Asalin mazauna wurin Mbum ne, ga Duru da ke kiran kansu Dii a yamma, ga Laka a gabas. A farkon ƙarni na 19 Buba Njidda ya kafa Rai, Modibbo Adama ya karɓo tuta daga Shehu Usmanu, bayan nan kuma aka kafa Ngaundare a kan tudu. Daga waɗannan garuruwa rundunoni suka riƙa fita zuwa gabas, ƙasar Laka, suna komowa da bayi, har zuwa lokacin da Jamusawa suka ci Garwa da Ngaundare a 1901, kuma abin bai tsaya nan take ba. Marigayi Eldridge Mohammadou ya yi wa tarihin wannan yanki babbar hidima, ya zauna da dattawan fada ya rubuta abin da suka adana. Sai dai fada tana tuna sunan wanda ya hau doki. Ƙauyen da aka faɗa wa da asuba, da matan da aka kora gaba da igiya, ba su da maroƙin da zai riƙe sunansu. In ana son jin ta bakinsu, sai a koma ga abin da hannunsu ya gina.

To yaya tukunya take ba da labarin tashin hankali?

Da farko masana sun fi kallon ado. Wannan an murza masa igiya a wuya, wancan an zana shi da tsinke, wancan an shafe shi da jar ƙasa an goge da dutse har yana sheƙi. In ado ya canza a tsakanin shimfiɗar ƙasa ta ƙasa da ta sama, sai a ce wata ƙabila ta zo ta kori wata. Wanda ya fara girgiza wannan tunani a arewacin Kamaru shi ne Nicholas David. A ƙarshen shekarun 1960 ya zauna a Be, wani gari da ke gabas da Garwa, yana haƙar tuddan kufai, amma sai ya ga ya kamata ya fara fahimtar tukwanen masu rai kafin ya yi wa na matattu fassara. Shi da Hilke Hennig suka bi gida gida suna ƙirga tukwane, suna tambayar wa ya gina, yaushe aka saya, yaushe ta fashe. Abu biyu suka fito. Na ɗaya, tukwanen da ke gidan Bafillace ba lallai Bafillata ce ta gina su ba, domin a garin akwai magina Fulani da Gisiga da Lame, kowa kuma yana saye inda ya samu. Na biyu, tukunyar girki ba ta wuce shekara biyu ko uku a kan murhu, alhali babbar randa da ke kafe a inuwa tana haura shekara goma. Ke nan in ka je juji ka ƙirga tsingaro, za ka ɗauka mutanen garin ba su da abin yi sai girki, domin abin da ya fi fashewa shi ya fi yawa a can. An buga wannan bincike a 1972, kuma har yau ana karantar da shi a jami'o'in duniya. Ƙaramin gari a kwarin Binuwai ya koya wa masana su yi hattara da bakinsu.

Mataki na gaba ya zo daga wajen 'yan Beljiyam, musamman Olivier Gosselain, wanda ya zauna da magina masu yawa a kudancin Kamaru, daga baya kuma a Nijar da Binin. Abin da ya lura da shi, duk wanda ya girma kusa da gidan magina zai gane shi. Ado abin aro ne. Maginiya ta je kasuwa ta ga zanen da ke tafiya, gobe ta yi irinsa. Haɗin yumɓu ma ana iya koya daga maƙwabciya: wannan tana zuba ƙaiƙayi, waccan kashin jaki, waccan tana daka tsohon tsingaro ta barbaɗa. Amma yadda ake tayar da jikin tukunyar tun daga gindi, wannan tun ana yarinya yake shiga hannu, kuma da wuya ya fita. Kamar karin harshe ne: Bakano zai yi shekara talatin a Garwa, Fulatanci ya zauna a bakinsa, amma da ya buɗe baki an san daga inda ya fito.

A tsaya a kalli hannun sosai, domin a nan maganar take. Wata maginiya za ta ɗauki curin yumɓu ta dasa shi a kan fasasshen kasko, ta luma babban yatsa a tsakiya, ta riƙa rarake cikin tana jan bangon sama da yatsu, tana zagaya tukunyar da baya da baya. Wata za ta murza yumɓun a tafin hannu ya zama kamar igiya, ta naɗa zobe kan zobe, tana latse kowane da na ƙarƙashinsa. Maginan Kano sukan kifa tsohuwar tukunya, su barbaɗa mata toka, su shimfiɗa faifan yumɓu a bayanta su bubbuga har ya ɗauki siffarta, in ya sha iska su cire su ɗora kafaɗa da wuya. A wasu sassan Sakkwato da Nijar kuma a ɗan rami ake dasa curin, ana bugun cikinsa da dunƙulen gasasshen yumɓu ana juyawa, har tulu ya fito da bango siriri. Duka huɗun za su iya ba ka tukunya mai kama ɗaya a ido. Amma in ta fashe, asiri ya tonu. Wadda aka naɗa tana karyewa a kan layin zoben, bakin karayar ya yi kamar matakala. Wadda aka kifa tana da tabon haɗi a ciki, daidai inda gindi ya sadu da kafaɗa. Wadda aka buga tana da 'yan loɓa-loɓa a ciki da yatsa ke ji ko ido bai gani ba. Abin da ido da yatsa suka kasa, ana ɗaukarsa da hoton asibiti irin na duba ƙashi, a ga yadda ƙofofin iska suka kwanta a cikin bangon. Ana kuma yanka tsingaron siriri a duba shi da madubin ƙara girma, a gane daga wane rami aka ɗebo yumɓun. Alexandre Livingstone Smith ya yi nazarin haɗin yumɓu a tsakanin maginan yankin Faro, yamma da hanyar Garwa zuwa Ngaundare, ya nuna cewa zaɓin haɗi ya fi bin wanda ya koya maka da inda ka zauna, fiye da halin yumɓun kansa.

Sai a haɗa wannan da yadda sana'ar take a arewacin Kamaru. A tsakanin Duru da Doyayo na wajen Poli, da Mafa da Kapsiki na duwatsun Mandara, ginin tukwane ba na kowa ba ne. Aikin matan maƙera ne, kuma maƙera a tsakaninsu suke aure. Hélène Wallaert ta bi yadda 'yan matan Duru ke koyo, ta ga uwa ce ke tsaye a kan 'yarta shekara da shekaru, ba ta yarda a kauce ko kaɗan daga yadda aka gada. A wajen Fali kuma ta ga an fi sakar wa yarinya mara ta gwada ta ɓata ta gyara. A tsarin Duru, ilimin gari guda yana iya kasancewa a hannun mata uku ko huɗu. Mahara kuwa mata da yara suka fi nema. Littafin da Hamman Yaji na Madagali ya sa aka riƙa rubuta masa daga 1912 zuwa 1927 ya isa shaida, domin a ciki yana lissafa hare-harensa a kan mutanen Mandara da adadin matan da aka kamo. Hari ɗaya na safiya ɗaya ya isa ya yanke silsilar da ta yi shekara ɗari uku tana tafiya daga uwa zuwa 'ya.

Irin wannan yankewa tana barin tabo a ƙasa. A shimfiɗar ƙasa ta ƙasa za ka ga tukwane masu bango daidai, gashi ya kama su sosai, hannu ɗaya ne ke maimaita kansa tsara bayan tsara. A ta sama sai ka ga ado yana ƙoƙarin kwaikwayon na da, amma gindin ya yi kauri, bangon gefe ɗaya ya fi ɗaya, an naɗa inda a da ake rarakewa. Wata ce da ba ta gama koyo ba, ko wadda ba gadonta ba ne, take ƙoƙarin cike gurbin wadda aka tafi da ita. Yumɓun ma yakan canza. Ramin yumɓu mai kyau yana can bakin rafi, tafiyar rabin yini, kuma a shekarun tsoro babu macen da za ta je can, sai a haƙura da na gindin dutse mai tsakuwa. In ka fasa tsingaron ka ga tsakiyarsa baƙi ƙirin, ɗanye, mai yiwuwa itace ya yi wuya ko ana gudun hayaƙin da za a hango daga nesa. A can gefen waɗanda suka yi harin kuma, a rumadan da ke kewaye da manyan garuruwa, sai a ga akasin haka: tukwane masu siffar garin, amma an tayar da su da hannun wata ƙasa. Baiwa tana gina abin da uwargijiyarta ke so, da hannun da uwarta ta ba ta. Ni a ganina babu wata takarda a duk ɗakunan ajiya na Yawunde ko Kaduna da za ta faɗi zafin wannan zamani kamar irin wannan tsingaro guda.

Akwai kuma shaidar da ba ta buƙatar madubi. Mutanen da suka yi ƙaura cikin natsuwa suna kwashe tukwanensu masu kyau, su bar fasassu. In mai haƙa ya tarar da tukwane lafiyayyu a jere a ƙasan ɗaki, tulu a mazauninsa, dutsen niƙa da ɗansa a kai, ga toka ta rufe su, to masu ɗakin ba su samu damar waiwaye ba. Haka kuma in ƙauye ya bar fili mai albarka ya koma kan dutse, manyan randunan ruwa da na hatsi suka yawaita, an san mutane ne da ke shirin zaman ƙawanya. Fali na duwatsun Tingilin da ke kallon Garwa sun yi irin wannan zama. A kufan tsohon garin Jaba na Duru, kusa da gandun dajin Binuwai, wanda mutanensa suka tashi a ƙarni na 19, Olivier Langlois da abokan aikinsa sun bi sawun gidaje da gonaki da muraran da aka bari.

Wani zai ce ta yaya ake sanin lokacin. Gawayin da aka samu tare da tsingaro ana auna shekarunsa a ɗakin gwaji. Amma ƙasar nan tana da nata alamomin masu sauƙi. Taba da masara duka daga Amurka suka zo bayan 1500. Saboda haka duk shimfiɗar da aka samu lofen taba a cikinta, ko tukunyar da aka murza wa totuwar masara a jiki, ba ta riga shekarar 1500 ba.

Ba yaƙi kaɗai ke taɓa tukunya ba, kuma a nan ne mai gaggawa ke faɗawa rami. A arewacin duwatsun Mandara akwai gine-ginen dutse goma sha shida da Mafa ke kira Diy-Gid-Biy, waɗanda UNESCO ta sa cikin kayan tarihin duniya a 2025. Akasarin aikin ginin ya faɗo a wajen ƙarni na 15, lokacin da fari mai tsanani ya addabi yankin har Tafkin Cadi ya ja baya ƙwarai. Da farko an ɗauka ganuwar yaƙi ce. Nicholas David, bayan ya haƙa ya duba irin tukwanen da ke ciki da yashin rafi da aka ɗauko aka zuba, ya karkata ga cewa wurare ne na taro da roƙon ruwa. Fari ma tashin hankali ne, amma tabonsa daban. Sannan akwai canjin da babu kuka a cikinsa. Gari ya musulunta, manyan tukwanen giya da na tsafi su ɓace, butar alwala ta bayyana. Kasuwa ta buɗe, tukwanen wani gari su fi araha, maginan gida su ajiye sana'a. Gosselain ma da kansa ya tarar a kudu maso yammacin Nijar da magina da suka ari salon maƙwabta suka mayar da shi gadonsu. Saboda haka mai binciken kirki ba ya yanke hukunci da tsingaro shi kaɗai. Sai ya ga gindin tukunya ya canza, ƙauye ya hau dutse, rumbu ya ƙone, kayan fatauci sun ɗauke, duka a shimfiɗa ɗaya, sannan ya ce a nan wani abu ya faru.

Turawa ma da wannan ma'auni suke auna nasu tarihin. Lokacin da Ingila take ƙarƙashin Rum, har talakan ƙauye yana cin abinci a kwanon da aka gina a kan keken magini aka gasa a babban murhu. Bayan ikon Rum ya janye wajen shekara ta 410, cikin tsara ɗaya ko biyu wannan sana'a ta mutu, aka koma ginin hannu, kuma keken bai dawo ba sai bayan kusan shekara 300. Bryan Ward-Perkins ya kafa hujja da wannan a littafinsa na 2005 don ya nuna cewa faɗuwar Rum ta taɓa tukunyar kowa, ba gadon sarauta kaɗai ba. A ƙasar Hausa ma ƙofar a buɗe take. Anne Haour ta haƙa Kufan Kanawa a yankin Damagaram, ga Surame ta Kanta, ga Alƙalawa da ta faɗi a 1808, ga Turunku da Kufena. Tarihin sarakunan waɗannan wurare muna da shi a rubuce da a baki. Na waɗanda suka dafa musu abinci yana ƙarƙashin gonaki.

Abin da ke damuna shi ne shaidar tana ƙarewa ta fuska biyu a lokaci guda. Ta fuskar ƙasa, madatsar Lagdo da aka gama a 1982 ta nutsar da wani babban yanki na kwarin Binuwai. Noman auduga da kamfanin Sodecoton ya faɗaɗa ya jawo dubban manoma daga jihar Arewa Mai Nisa zuwa Mayo-Rey, garmar shanu tana juya kufai kowace damina. Ga kwaltar da ta haɗa Ngaundare da Tuboro zuwa Mundu, ga masu haƙar zinariya. Bututun mai siririn layi ne kawai a cikin wannan faffaɗar ƙasa, amma dubi abin da ya fito daga cikinsa. Ta fuskar mutane kuma, tukunyar dalma da robar ruwa sun kori ta ƙasa daga yawancin gidaje, in ban da randa da har yanzu babu abin da ya kai ta sanyaya ruwa. 'Yar maginiya tana makaranta ko tana talla, uwar ba ta da wanda za ta miƙa wa. Kuma tashin hankalin bai zama tarihi ba: rikicin Afirka ta Tsakiya ya turo 'yan gudun hijira, masu satar mutane don kuɗin fansa sun tayar da ƙauyuka da rugage a ƙasar Tuboro. A yau ɗin nan akwai Mafa da Tupuri da Mbum da Gbaya da Laka da ke zaune kusa da juna a wannan yanki, kowace tsohuwa da irin hannunta. In ba a rubuta wace ce ke naɗi, wace ce ke rarakewa, daga wa ta koya, daga ina uwarta ta taso ba, to tsingaron da ke ƙasa zai zama rubutun da babu mai iya karanta shi.

Wannan aiki bai fi ƙarfinmu ba. Jami'ar Ngaundare tana nan tun 1993, ta Marwa tun 2008, ta Garwa tun 2022, ga Jami'ar Ahmadu Bello a Zariya da ta daɗe tana horar da masu binciken kufai. Ɗalibin da ke jin Fulatanci da Hausa da Mbum, da littafin rubutu da wayar da ke ɗaukar hoto, zai samu a wata uku abin da baƙo ba zai samu a shekara uku ba, domin shi tsohuwa za ta bar shi ya zauna kusa da ita har tukunya ta tashi. Ku je ku zauna da maginan Tuboro tun suna da ƙarfin murza yumɓu. Kai kuma manomi ko mai aikin hanya, in garmarka ko katafilarka ta bankaɗo tukwane a jere, kada ka kwashe su ka kai gida ko kasuwa. Tsingaron da aka ɗauke daga mazauninsa rabin maganarsa ta tafi. Ka bar su inda suke, ka sanar da mai gari, shi kuma ya aika wa jami'a mafi kusa.